Suna Linzami: Ummulkhairi, Ma'anarsa Da Asalinsa

Godiya ta tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki, mai ba wanda ya so 'ya'ya maza, ya ba wanda ya so mata. Tsira da aminci su tabbata ga shugabanmu Annabi Muhammadu da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, ya 'yan'uwa Musulmi, duk mai halartar raɗin suna a ƙasar Rano da Kibiya, tun daga Zurgu da Rurum har zuwa Tarai, ya san abin da sanƙira yake shelantawa da safe ya sauya. A da in mace aka haifa, da wuya sunan ya wuce Hauwa'u, ko A'ishatu, ko Hadizatu, ko Maryamu, ko Zainabu. Yau kuwa sai a ji an ce Ummulkhairi, ko Amatullahi, ko Nana Firdausi, ko Fatimatuz Zahra'u, tsofaffi su dubi juna su ce sunan zamani ne. Mun zaɓi ɗaya daga cikinsu, watau Ummulkhairi, domin mu yi bayani a kansa a wannan mako, kuma abin da za mu faɗa game da shi ya shafi sauran 'yan'uwansa.

Sunan kalmomi biyu ne na Larabci aka jingina ɗaya ga ɗaya, abin da malaman nahawu suke kira ilafa. Ta farko ita ce ummu, watau uwa. Ta biyu ita ce alkhairi, wadda tun da daɗewa ta shigo bakin Bahaushe ta zama alheri. In an haɗa su, sai a sami "uwar alheri". Amma ya kamata a sani Balarabe ba ya taƙaita kalmar ummu ga mahaifiya kaɗai, yana amfani da ita ga tushen abu da matattararsa. Shi ya sa ake kiran Makka Ummul Ƙura, uwar garuruwa, ake kuma kiran Fatiha Ummul Kitabi. Saboda haka uban da ya raɗa wa 'yarsa Ummulkhairi, fata yake yi ta zama mafarin alheri ga gidansu da gidan da za ta je aure.

Irin wannan suna da yake farawa da Abu ko Ummu shi ne Larabawa suke kira alkunya. Mu ma muna da kalmar, sai dai inda muka ajiye ta ya bambanta. Mu muna sakaya suna ne don jin nauyi, kamar yarinyar da ta ci sunan kakarta a kira ta Ummi, ko Uwani, ko Inna, don kada ubanta ya riƙa ambaton sunan mahaifiyarsa gatsal. Su kuwa girmamawa ce, su kira mutum da sunan ɗansa na fari ko da wata siffa tasa ta kirki. Ga matan Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, Ummu Salama sunanta Hindu, Ummu Habiba kuwa Ramlatu. Ummu Hani 'yar Abu Ɗalib da Ummu Aiman duk alkunya ce ta rufe sunayensu. 'Yarsa Ummu Kulsum, matar Sayyidina Usmanu, wadda ta rasu a shekara ta 9 bayan Hijira, da wannan alkunya duniya ta san ta, kuma daga nan kakanninmu suka sami Kaltume. Ke nan sunan da aka haɗa da Ummu ya daɗe a gidajenmu, mun saba da shi har mun manta haɗaɗɗe ne.

Wani zai ce, yaya za a kira jaririyar kwana bakwai uwa? Amsar tana cikin sunna. Imamu Bukhari ya ruwaito labarin wata 'yar yarinya, 'yar Khalid ɗan Sa'id, wadda aka haifa a ƙasar Habasha, Annabi ya sa mata wata riga da hannunsa mai albarka, ya kira ta Ummu Khalid tana ƙarama. Haka kuma ya yi wa ƙanen Anas ɗan Malik alkunya da Abu Umair yana yaro. Nana A'isha ba ta haihu ba, amma ana kiranta Ummu Abdullahi, da sunan ɗan yayarta Abdullahi ɗan Zubair. Daga nan malamai suka fitar da halaccin yi wa yaro alkunya don kyakkyawan fata.

Wace ce ta fara shahara da wannan suna a Musulunci? Ita ce mahaifiyar Sayyidina Abubakar Siddiƙu, Allah ya yarda da su, sunanta Salma 'yar Sakhr, alkunyarta Ummul Khairi. Masu tarihi, cikinsu har da Ibnu Kasir, sun kawo yadda ta musulunta. A farkon kira, Musulmi ba su da yawa, Abubakar ya miƙe a harabar Ka'aba yana kiran mutane zuwa ga Allah. Mushirikai suka far masa, Utba ɗan Rabi'a ya yi ta dukan fuskarsa da takalmi har ba a iya gane kamanninsa. Danginsa Banu Taim suka ɗauke shi zuwa gida suna zaton ba zai tashi ba. Da ya farfaɗo, uwarsa ta kawo masa abinci, ya ƙi ci, ya ƙi sha, sai ya san halin da Manzon Allah yake ciki. A lokacin ba ta musulunta ba, amma tausayin ɗa ya sa ta tafi wurin Ummu Jamil 'yar Khaɗɗab, 'yar'uwar Sayyidina Umar, ta nemo labari. Da dare ya yi, sawu ya ɗauke, sai matan nan biyu suka tallafe shi har gidan Arƙam inda Annabi yake. A nan Abubakar ya roƙi a kira uwarsa zuwa ga Musulunci, a yi mata addu'a, aka yi, ta karɓa.

Bayanta an sami wasu. Rabi'atul Adawiyya ta Basra, wadda ta rayu a ƙarni na biyu na Hijira, ta shahara da ibada da gudun duniya, ita ma Ummul Khairi ake mata alkunya. Haka nan mahaifiyar Shehu Abdulƙadir Jilani, wanda ya rasu a Bagadaza a shekara ta 561 bayan Hijira, watau 1166, sunanta Fatima, alkunyarta Ummul Khairi. Masu ba da tarihinsa sun ce da zai tafi neman ilmi, ita ce ta ɗinke masa dinari arba'in cikin rigarsa, ta karɓi alkawari ba zai yi ƙarya ba. Da 'yan fashi suka tare ayarinsu suka tambaye shi abin da yake ɗauke da shi, sai ya faɗa musu gaskiya, hakan ya zama sanadin tubarsu. Fatake da 'yan kasuwa su lura da wannan, uwa ce ta koyar da gaskiya a kan kuɗi.

To, kun ga abin da ake kira sunan zamani ya haura shekara 1400 a duniya. Yaɗuwarsa a ƙauyukanmu ce sabuwa. Makarantun Islamiyya sun yawaita, 'yan mata suna karanta tarihin sahabbai mata, su riƙe sunayensu har su girma su yi aure. Ɗalibanmu sun je Azhar da Jami'ar Madina, wadda aka buɗe a 1961, sun dawo da sunayen da suka ji a can. Jirgin sama ya mai da tafiyar Hajji ta 'yan sa'o'i bayan da tana cin watanni ko shekaru. Sa'an nan ga littattafan hikaya da finafinai da wayar hannu, suna ya fito a Kano yau, gobe an ji shi a Zurgu. Ga shi kuma da daɗin faɗa, yana da tsawo da kwarjini a takardar gayyata, yana kuma raba yarinya da 'yan ajinsu, inda in malami ya kira A'isha sai mutum biyar su amsa.

Duk wannan babu laifi a ciki. Inda muke jan hankali shi ne zaɓen suna don daɗin sautinsa ba tare da sanin ma'anarsa ba. Imamu Muslim ya ruwaito cewa Annabi ya sauya sunan wata 'yar Sayyidina Umar daga Asiya, mai harafin ainun da sadi, watau mai saɓo, ya mai da ita Jamila. Wannan daban take da Asiya matar Fir'auna, mai alif da sin, wadda take cikin mafifitan mata. A rubutun boko kuwa duka biyun iri ɗaya suke fitowa, sai mai ilmi ne zai raba. Ya kuma sauya sunan Barra, watau mai yawan ɗa'a, zuwa Zainab, saboda akwai yabon kai a ciki. Wasu kan tambaya ko Ummulkhairi bai shiga wannan ba. Mu dai abin da muka gani shi ne littattafan tarihin sahabbai, irin na Ibnu Hajar wanda ya rasu a 852 bayan Hijira, da wannan alkunya suka ambaci mahaifiyar Abubakar, manyan malamai kuma sun yi ta kiran salihan mata da ita. Har ila yau, kasancewar kalma cikin Alƙur'ani bai isa ya sa a raɗa ta ba, domin Fir'auna da Hamana da Ƙaruna duk an ambace su a ciki. Wanda zai raɗa sabon suna ya je wurin wanda ya san Larabci ya tambaya kafin ranar suna, kada ya bari sai liman ya zauna an kawo goro.

Abu na biyu shi ne yanke suna. Bahaushe ba ya son dogon suna, Hadizatu ta koma Dije, Maryamu ta koma Mairo. In an kira Ummulkhairi da Ummu ko Hairi, ba a ɓata kome ba. Amma sunan da aka jingina ga sunan Allah, kamar Amaturrahman, watau baiwar Mai rahama, ba ya halatta a jefar da rabin farko a kira yarinya Rahman, domin wannan suna na Allah ne shi kaɗai. Haka nan a gyara Ummu Salma da ake yawan rubutawa, in dai Uwar Muminai ake nufi, Ummu Salama ce.

Abu na uku ya shafi ma'aikata da 'yan kasuwa musamman, watau takardu. Suna ɗaya ne, amma akawun asibiti ya rubuta Ummulkhair, malamin firamare ya rubuta Ummul Hairi, mai cike takardar jarrabawa ya raba shi biyu, kwamfuta ta ɗauki rabin na biyu a matsayin sunan uba. Tun da Babban Bankin Nijeriya ya fito da lambar BVN a 2014, hukumar JAMB kuma ta wajabta lambar NIN a 2021, harafi ɗaya in ya saɓa yana iya tsayar da yarinya a ƙofar jami'a, ko ya hana ta taɓa kuɗinta, ko ya jinkirta mata fasfon Hajji. Daga nan sai zirga-zirgar rantsuwa a kotu da kashe kuɗin mota zuwa birni. Maganin wannan mai sauƙi ne. Uba ya tsai da rubutu guda tun ranar suna, ya karɓi takardar haihuwa daga Hukumar Ƙidaya ta Ƙasa da wannan rubutu, ya hana kowa sauya shi.

Akwai kuma saɓanin da yake tasowa a gida. Miji yana so ya yi wa mahaifiyarsa takwara, matar kuwa tana ganin Hauwa ko Binta sunan da ne. Malamai, cikinsu har da Ibnul Ƙayyim a littafinsa Tuhfatul Maudud, sun bayyana cewa in an yi jayayya, raɗa suna hakkin uba ne. Sai dai shawara da wadda ta ɗauki ciki wata tara tana daga cikin kyakkyawan zama. Kuma kada mu yarda a raina sunayen iyayenmu, domin sunayen matan Annabawa ne da 'ya'yansu. Su Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya raɗa wa 'ya'yansa, irin su Nana Asma'u da Maryamu matar Sarkin Kano Ibrahim Dabo, wadda ake kira Uwar Daje. Hanyar sulhu tana cikin asalin sunan da muke magana a kansa. Mahaifiyar Abubakar Salma ce kuma Ummul Khairi, mahaifiyar Shehu Abdulƙadir Fatima ce kuma Ummul Khairi. Me zai hana sunan kaka ya zama na yanka, Ummulkhairi ya zama alkunyar da ake kira a gida? An girmama tsohuwa, an faranta wa mai jego, an kuma bi yadda magabata suka yi. Abin lura kawai shi ne sunan yanka ne zai shiga takarda.

Game da yankan kuwa, a mazhabarmu ta Imamu Malik, kamar yadda Ibnu Abi Zaid ya kawo a Risala, dabba ɗaya ce daga tumaki ko awaki, ga namiji ko mace babu bambanci, a rana ta bakwai da hantsi. Ba a ƙirga ranar haihuwa in bayan alfijir aka haihu. An so a aske gashin jariri a yi sadaka da nauyinsa na zinariya ko azurfa. Muna tunatar da wannan ne saboda masu ɓata rai in an ce mace aka haifa, har su rage hidima. Wanda ya raɗa wa 'yarsa uwar alheri, bai kamata ya tarbe ta da tsuke fuska ba.

Daga ƙarshe, a tuna Ummu Jamil da muka ambata, wadda ta tallafi Abubakar zuwa gidan Arƙam. Matar Abu Lahab, mai cutar da Annabi, ita ma Ummu Jamil ake kiranta. Alkunya ɗaya, gari ɗaya, zamani ɗaya, amma dubi inda kowacce ta nufa. Hausawa sun ce suna linzami, to linzami kuwa sai da mai riƙe da shi. In mun raɗa wa yarinya Ummulkhairi, mu gaya mata ma'anarsa da zarar ta yi wayo, mu ba ta labarin waɗanda suka riga ta amsa shi, mu sa ta makaranta, mu ciyar da ita da halal, kada mu ɗora mata farantin talla a lokacin da take da karatu.

Allah ya raya mana zuriya bisa tafarkin Musulunci, ya sa su zama sanyin idanunmu duniya da lahira. Allah ne mafi sani. Wassalamu alaikum.