Gasasshiyar Kabewa da Cukwi

A gidaje da yawa ba a tunawa da kabewa sai ranar miyar taushe. Wata maƙwabciyata a Kubwa ta koka mini cewa ɗanta ya ƙi duk wani kayan lambu, daga taliya sai burodi. Saboda irinsa na kawo mana haɗin yau.

Jar kabewa na ɗauke da sinadarin da jiki ke mayarwa bitamin A, mai taimaka wa ido da garkuwar jiki. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce babba ya ci aƙalla giram 400 na kayan lambu da 'ya'yan itatuwa kullum. Ga ta kuma a kasuwar Wuse da Utako, ana sayarwa yanki-yanki daidai aljihu.

Ki tanadi kabewa rabin kilo, ƙwai 3, madara rabin kofi, albasa, attarugu, tafarnuwa, gurzajjen cukwi kofi 1 da garin busasshen burodi.

Ki fere kabewar, ki yanka fale-fale, ki turara na minti 10, sannan ki zuba a kwando ta tsane sosai. Wannan shi ne sirrin, domin in ba ta tsane ba haɗin zai tsinke. Ki soya albasa da attarugu da tafarnuwa sama-sama. Ki kaɗa ƙwai da madara, ki zuba rabin cukwin. Sai ki shafa mai a farantin gashi, ki jera kabewar, ki kwarara haɗin, ki barbaɗa sauran cukwin da garin burodi. Ki gasa a zafi 180 na minti 30, har saman ya yi ja. In babu oben, ki zuba yashi a babbar tukunya, ki ɗora farantin a kai, ki rufe, ki rage wuta.

Cukwin kanti na da tsada, don haka kina iya marmasa warar nono a madadinsa. Ba ta narkewa, amma tana ba da ɗanɗano. In kuwa da na kanti kika yi, ki rage gishiri da dunƙule, domin da gishirinsa ya zo. Ƙa'idar babba ƙasa da giram 5 ce a rana, kusan ƙaramin cokali guda, balle in maigida na fama da hawan jini.

In yaro ya ƙi a karon farko, kada ki tilasta masa. Ki sake gwadawa wani makon. A ci lafiya.