Kifinka ruwa yake so, ba kafso ba

Ƴan uwa matasa masu kiwon kifi, yau da ku nake. Da zarar tarwaɗa ta fito da jan gyambo, ciki ya kumbura, ta daina cin abinci, sai a ruga wajen mai tallar magani a sayo kafson tetirasiklin, a farfasa, a watsa cikin tafki. Ni a wurina wannan ganganci ne.

Ƙwayar cutar da ta fi kawo wannan gyambo sunanta Aeromonas hydrophila. Ba baƙuwa ba ce, dama a cikin ruwa take zaune, kuma ba ta cika taɓa lafiyayyen kifi ba. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Ka cunkusa kifi fiye da kima, ragowar abinci da kashi sun ruɓe a ƙasa, ka ji musu ciwo wajen kamu, ga zafin Afrilu da Mayu da ke rage iskar cikin ruwa. To wanne daga ciki kafso zai gyara?

Kuma ɓarnar ba a tafkinka take tsayawa ba. Ƙwayoyin da suka tsira sukan daina jin maganin. Ruwan ka kwarara shi lambu, kifin ka kai kasuwa da sauran magani a jikinsa. Ita kanta Aeromonas tana kama mutum ta rauni, tana kuma sa gudawa. Binciken da mujallar Lancet ta buga ya nuna cewa a 2019 cututtukan da suka daina jin magani sun kashe mutum miliyan 1.27 a duniya, kuma idan aka auna da yawan jama'a, Afirka ta Yamma ce kan gaba. Mu ke nan fa.

Wani zai ce, to in zuba ido jarina ya mutu? A'a. Kwashe matattu ka binne, ware masu ciwo, rage abinci, sauya wani kaso na ruwan, rage cunkoso. In abin ya ƙi, kira likitan dabbobi. Shi zai ce ko ana buƙatar magani, da nawa, da kwanakin da za a jira kafin sayarwa.

Ku kuma masu sayar da ƴaƴan kifi da masu ba da horo, duk wanda kuka sallama bai san kula da ruwa ba, da hannunku a asararsa.