Kuɗin Hayar Tsohon Majigi

 Yau ina so mu tattauna a kan wani aiki da ba a cika sanin masu yinsa ba, watau neman tsofaffin hotunan majigi domin a sa su cikin sabon fim ko shirin talabijin.

In mutum ya nufi shirya labarin hawan daba da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956, ba shi da ikon ya komar da dawakin nan fili. Tilas ya nemi wanda ya ɗauki hoton ran nan. Galibi sai neman ya kai shi London, wurin kamfani irin British Pathé, wanda ya zuba finafinai wajen 85,000 a YouTube a 2014. Kallo kyauta ne, amma ɗauka a sa cikin wani aiki sai da izini da biya.

Ga yadda cinikin ya ke. Da fari a ba mai nema kwafi na gwaji, da tambari da lambobin lokaci a jikinsa. Ya zaɓi abin da ya ke so, a ƙidaya da daƙiƙa. Sa'an nan a tambaye shi: a waɗanne ƙasashe za a nuna, shekara nawa, a talabijin ko a gidan silima? Kowace amsa da kuɗinta. Bayan an sa hannu ne a ke ba shi kwafi mai tsabta. Amma fa a lura, mai ajiyar faifai ba lalle shi ne mai hakkinsa ba. In kuwa akwai kiɗa a ciki, shi ma da nasa mai shi.

To, a nan ne abin ya ke damuna. Tun da aka kafa Colonial Film Unit a 1939 a ke ɗaukar kasuwanninmu da sarakunanmu, ga shi yau jika sai ya biya kuɗin waje kafin ya nuna fuskar kakansa. Ban zargi masu ajiya ba, gama adana faifai da tsada, tsohonsa yana kama wuta, na bayansa kuma zafi da laima su kan ruɓar da shi.

Mu dubi namu na gida. Fim ɗin Shaihu Umar, wanda Adamu Halilu ya shirya a 1976, an daɗe ana zaton ya ɓace, sai a 2016 aka tarar da faifansa a ma'ajiyar hukumar finafinai ta Nijeriya. A Jamus aka gyara shi, aka nuna a Berlin a 2018. Sauran nawa ne ke kwance haka?

Roƙona ga hukuma da gidajen talabijin, su ƙidaya abin da ke hannunsu, su rubuta, su juye shi a kwamfuta tun bai lalace ba. Hausawa sun ce kayan aro ba ya rufe katara.

Allah ya sa mu gane. Sai mako mai zuwa.