UNGULU TA YI ƘAURA, WA YA KORE TA?

Makon jiya na bi ta mahautar unguwarmu da hantsi, na ɗaga kai na dubi rimin da ke bayanta, ban ga ungulu ko ɗaya ba. A wannan rimi ne, muna yara, mukan ƙirga su har mu gaji. Na tambayi wani dattijon mahauci inda suka tafi, sai ya ce, "Ɗana, ai mu muka kore su da bakinmu kafin mu kore su da hannunmu." Wannan magana ita ce ta hana ni barci.

Mu Hausawa tun a gindin kakanni muka raba wa namun daji halayen 'yan Adam. Zaki sarki ne mai adalci, dila malamin daji ne, kura kuwa ɓarauniya ce, matsoraciya, mai kwaɗayi. Mujiya mayya ce, ungulu ƙazama. Ba laifi ba ne a koya wa yaro hankali da tatsuniya. Laifin yana farawa ne ranar da babba ya manta cewa shi ya ƙaga halin nan, kana ya ɗauki sanda ya hukunta dabbar a kansa.

Mu fara da kura. Wani masani Baturen ƙasar Holan, Hans Kruuk, ya yi shekaru yana bin kuraye a dazuzzukan Serengeti da Ngorongoro na Tanzaniya, ya buga littafinsa cikin 1972. Ya gano cewa mafi yawan naman da kura ke ci ita ta farauto shi da ƙarfinta, har ma a Ngorongoro sau da yawa zaki ne ke zuwa ya ƙwace abin da kuraye suka kashe. Ashe sarkin da muka naɗa shi ne mai fashin, wadda muka kira ɓarauniya ita aka zalunta. Amma da yake mun riga mun yanke mata hukunci, wa ke jin tausayinta in ya ga an sa mata takunkumi ana jan ta da sarƙa kasuwa-kasuwa? Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Mujiya ma haka. Ta kwana tana kama ɓerayen da ke ɓarnar rumbunmu, gari ya waye a jefe ta don ta yi kuka a kan soro.

Ta ungulu ta fi ban takaici, gama ita sau biyu muka cuce ta. Da farko muka ce ƙazama ce, saboda haka babu mai tsaya mata. Daga baya, don tana hango mushe daga nesa, wasu suka ce lalle tana ganin gaibu kamar boka, wanda ya mallaki kanta zai san abin da gobe za ta haifar. Sai kan ungulu ya zama haja a rumfunan masu magani. A farkon 2020 an tsinci gawar ungulu kimanin 2,000 a ƙasar Gini Bisau, an sa musu guba, da yawa an yanke kawunansu. Tun 2015 ƙungiyar kare halittu ta duniya, watau IUCN, ta sa irin ungulun nan tamu ta mahauta cikin jerin tsuntsayen da ke dab da ƙarewa. Ga shi kuwa ƙwai ɗaya tak take yi a sheƙa, don haka abin da aka kashe yau ba ya dawowa gobe.

Wani zai ce, to, in ta ƙare sai me? Sai ya tambayi mutanen Indiya. Can ba tsafi ne ya kashe ungulu ba, wani maganin shanu ne mai suna diclofenac, wanda gwamnati ta hana ba dabbobi cikin 2006, bayan fiye da kashi 90 cikin 100 na ungulayen sun mutu. Mushe ya riƙa ruɓewa a fili, karnukan banza suka yawaita, cuta ta bazu. Ungulu kuwa cikinta yana narkar da ƙwayoyin cutar da ke kashe mutum da dabba. Ma'aikaciyar tsafta ce da ba ta taɓa neman albashi ba.

Kirana ga malamai da iyaye shi ne, a ci gaba da tatsuniya, amma in an ce "ƙurunƙus" a gaya wa yaro cewa kwaɗayin da ƙaryar namu ne, aro muka ba dabba. Hukuma kuma ta leƙa kasuwannin da ake baje kan ungulu. Dabba ba ta san sata ba, ba ta san maita ba, yadda Allah Ya halicce ta haka take rayuwa. In ungulu tana ganin gobe, da ba ta ci naman da aka sa wa guba ba.

Allah Ya sa mu gane. Sai mako mai zuwa, in muna da rabon ganawa.