ABIN DA YAƘI YA RUSHE, MAGINI KE TADA SHI

'Yan'uwa na rassan Tanut, Belbeji da Tenhiya, ku kasa kunne.

A shekarar 2012 'yan bindiga suka kama Tumbutu ta ƙasar Mali, suka sa diga da gatari suka rushe hubbaren waliyyai 14, suka ɓalle ƙofar masallacin Sidi Yahya. Aka ɗauki hotonsu na silima suna cikin ɓarna, ko kunya babu. Ashe shaida ce ake tara musu. A 2016 aka nuna hotunan nan gaban babbar kotun duniya ta birnin Hag, aka ɗaure madugunsu Ahmad al-Faƙi al-Mahdi shekara 9.

To wa ya tada hubbaren? Maginan garin ne da kansu, masu gadon sana'a, da taimakon hukumar UNESCO. Suka duba tsofaffin hotuna, suka tambayi dattawa, suka kwaɓa ƙasa irin ta kakanninsu. A 2015 ginin ya miƙe.

Mu fa? A 1899 sojan Faransa ƙarƙashin Bule da Shanuwan suka ƙone Birnin Ƙonni, suka yaƙi Sarauniya Mangu a Lugu. Ba alƙalin da ya zauna kan jinin nan. Sai a 1986 Med Hondo ya mai da littafin Abdullahi Mamani silima, duniya ta gani. Shekara 87 muna jira! Kuma a 2024 ruwan sama ya ka da tsohon masallacin Damagaram. Abin da bindigar Nasara ta bari, sakaci na iya cinye shi.

Don haka muna kira ga kowane reshe. Ranar kasuwa, mai waya ya ɗauki hoton tsohon masallaci, da zauren sarki, da rijiyar kakanni, ciki da waje. A je wa tsohon magini da goro, a ɗauki maganarsa da aikin hannunsa tun yana da rai. Littattafan malamai a raba su da gara da yoyo. Sakataren reshe ya rubuta sunan wuri da shekara, ya adana.

Kada mu jira baƙo ya zo ya koya mana darajar gidan ubanmu. 'Yancin da bai san tushensa ba rumfar kara ce, iskar bazara ɗaya ta ishe ta. Allah ya taimaki talakawan Damargu, amin.