Jiran Gawon Shanu Ba Haƙuri Ba Ne



Daga Kaura Namoda zuwa Shinkafi da Zurmi, hali ɗaya gare mu. Taransifoma ta ƙone, ko a biya kuɗin mita a yi ta jira, sai mu je ofis mu faɗa da baki, a ce mu dawo sati mai zuwa. In mun gaji mu yi karo-karo mu gyara abin da ba namu ba. Mu kuma masu alƙalami mu hau Facebook mu zuba waƙar Allah ya isa. Mai walda da mai niƙa ba su ci abinci da tafin da aka yi mana ba.

Doka ba ta bar jinkiri sakaka ba. Ƙa'idar hukumar NERC ta ba kamfanin rarraba wuta kwanakin aiki 15 ya warware ƙorafin da aka kai masa. In ya gaza, a kai ga zauren sauraron ƙorafi na hukumar da ke Gusau, daga nan a ɗaukaka zuwa NERC kanta. Hukumar ta sha faɗa cewa sayen taransifoma da falwaya aikin kamfani ne, ba na unguwa ba.

Dokar 'Yancin Samun Bayanai ta 2011 kuwa ta shafi har kamfani mai zaman kansa da ke yi wa jama'a hidima. Ka nemi bayani a rubuce, kwana 7 gare su. Shirun da ya wuce wa'adi, doka ta ɗauke shi a matsayin ƙi, kana da kwana 30 ka garzaya Babbar Kotu. Akwai kuma umarnin tilastawa da lauyoyi ke kira mandamus, wanda alƙali ke bai wa hukumar da ta ƙi aikin da doka ta ɗora mata. A kan irinsa ne Gani Fawehinmi ya kai har Kotun Ƙoli a 1987 game da kisan Dele Giwa, kotun ta ce yana da hurumin nema.

Amma alƙali zai tambaya: yaushe kuka nema? Ina shaida? "Mun faɗa wa manaja" ba shaida ba ce.

Za a ce wa ke ta wuta alhali 'yan bindiga sun tare hanyar Gusau, lauya kuma sai da kuɗi. Gaskiya ne. Sai dai takardar farko ba ta buƙatar lauya, ƙara ɗaya kuma na iya ɗaukar unguwa guda.

Don haka a wannan makon kowannenmu ya zauna da mai unguwarsu ya rubuta ƙorafi ɗaya: kwanan wata, lambar mita ko asusu, abin da ake nema, sa hannun jama'a. A yi kwafi biyu, a sa ofis ya buga hatimi a kan namu. Wanda ya iya tsara labari mai babi 30 bai da uzurin kasa shafi guda.

Allah ya sa mu dace.