Naushad da Darasin da Muka Ƙi Ɗauka

'Yan'uwa ɗalibai, fim ɗin Mother India na 1957 ya daɗe da yin suna a ƙasar Hausa, amma kaɗan ne suka san Naushad Ali, wanda ya tsara kiɗansa. An haife shi a Lucknow cikin 1919. Mahaifinsa bai amince da sana'ar kiɗa ba, don haka ya bar gida a 1937 ya nufi Bombay, inda ya sha kwana a gefen titi. Da ya samu ɗaukaka, ya yi amfani da kayan kiɗan Turawa, amma karin waƙoƙinsa ya ɗebo shi daga raga, wato tsarin sautin gargajiya na Indiya, da waƙoƙin ƙauyukan yankinsu. Da waɗannan ya gina Baiju Bawra a 1952 da Mughal-e-Azam a 1960. Ya rasu a 2006.

A ganina, mawaƙan finafinanmu masu ɗauko karin Indiya su ɗora masa Hausa sun kauce wa darasinsa. Zanen aro ba ya rufe katara. Ga kalangu da kukuma, ga waƙoƙin niƙa da na daɓe. Duk mai son koyi da Naushad, ya fara daga nan.